Tsallen ƙaramar bindiga idan an riƙe ta da hannu ɗaya

Malam, ka tambayi yadda za ka hana bakin ƙaramar bindiga tashi sama idan kana harbi da hannu ɗaya. Gaskiya ba za ka hana ta motsi ɗungurungum ba, abin da ake nema shi ne ta koma kan saiti da kanta bayan kowane harbi. Ka ɗaga riƙonka har tsakanin babban yatsa da manuni ya manne a can saman mariƙin, ka ƙanƙame wuyan hannu, ka miƙe hannun, sannan ka ɗan karkata gaba nauyinka ya sauka a kan ƙafar da ke gefen bindigar, domin kafaɗa da gangar jiki su shanye bugun.

Da muke horo a Garwa, kuskurena shi ne danna bakin bindigar ƙasa kafin harsashi ya fita saboda fargabar ƙarar. Jan kunama (abin da yatsa ke ja a yi harbi) a hankali da bindigar da aka tabbatar babu harsashi a cikinta ne ya gyara mini hannu. Ka kuma sani cewa sakin wuyan hannu yakan sa kwanson harsashi ya maƙale a bindiga mai harsashi mai kaurin milimita 9, don haka ka gwada wannan riƙon a filin horo, gaban mai koyarwa.