'Yan dabo na ɓoye sirrinsu, to wa ya adana tarihinsu?

Tambaya: Malam, na ga hoton wani gidan tarihi na 'yan dabo a Landan, abin ya ɗaure mini kai. Mutanen da abincinsu ya dogara ga ɓoye sirri, ina aka samo tarihinsu har ya cika gida? Me ake ajiyewa a ciki?

Amsa: Ɗan'uwa, gidan da ka gani ina tsammanin na ƙungiyar Magic Circle ne, wadda aka kafa a Landan a 1905. Dabon da muke magana a kai shi ne na dandali, wato rufa-ido da saurin hannu da kayan aiki masu ɓoyayyen aljihu, babu aljani a ciki. Tun 1584 wani Bature ɗan Ingila, Reginald Scot, ya buga littafi yana tona yadda ake irin waɗannan dabaru, don a daina kashe bayin Allah da sunan maita.

Mafi yawan abin da ya tsira takarda ce. Ɗan dabo yana ɓoye yadda yake yi, amma ba ya ɓoye cewa zai yi, domin sai ya tallata kansa jama'a za su zo. Saboda haka fastocin bango, takardun talla, tikiti da wasiƙu su ne suka gaya mana wane ya yi wasa, a wane gari, a wace rana, nawa aka biya a ƙofa. Takardun nan an buga su ne don su yi mako guda a bango, ruwa ya wanke su. Wanda duk ka gani yau, wani ne ya tsince shi ya ƙi yarwa.

Mutumin da ya fi taɓa zuciyata a wannan fanni shi ne Henry Evanion, wani ɗan dabo na Landan da bai yi wani suna ba. Ya shafe rayuwarsa yana tara irin waɗannan takardu. A 1895 ya sayar wa gidan tarihin Birtaniya kimanin guda 5,000, suna ɗakin karatu na ƙasar har yau. Da tsufa da talauci suka cim masa, sai ya haɗu da Harry Houdini, shahararren ɗan dabon Amurka mai kuɓuta daga sarƙa da ankwa, a 1904, ya riƙa fito masa da tsofaffin takardun 'yan dabon ƙarni na 18 da na 19 waɗanda ake zaton sun ɓace. Houdini ya saye da yawa, Evanion kuma ya rasu a 1905. Shi ma Houdini cutar tara kaya ta kama shi sosai: da ya mutu a 1926, littattafansa kusan 4,000 suka koma ɗakin karatu na Majalisar Dokokin Amurka bisa wasiyyarsa.

Kayan aiki su ne suka fi wuyar sha'ani. Suna da girma, suna cin wuri, kuma mai su yakan fi son a lalata su da abokin hamayya ya leƙa cikinsu. Houdini ya bar wa ƙaninsa Hardeen kayansa da sharaɗin a ƙone su bayan ran Hardeen. Hardeen bai cika wannan ba, ya miƙa da yawa ga wani ɗan dabo mai tara kaya, Sidney Radner, ciki har da akwatin gilashin nan da ake cika wa ruwa a zura Houdini kai ƙasa, ƙafafunsa a maƙale. Akwatin ya tsere wa wutar wasiyya, sai gobara ta cinye gidan da aka ajiye shi a Niagara Falls ta Kanada a 1995. Daga ƙarafan da suka rage aka sake gina shi, yanzu yana hannun ɗan dabon Amurka David Copperfield a Las Vegas. To a nan ne nake da ƙorafi: tarin Copperfield na cikin mafi girma a duniya, amma ba a buɗe yake ga kowa ba. Na fi son tsarin Faransa, inda gidan tunawa da Robert-Houdin, ɗan dabon ƙasar na ƙarni na 19, a garin Blois yake karɓar duk mai tikiti.

Abokan gaban takarda kuwa ka san su: hasken rana mai kashe launi, danshi, ƙwari, da salatif da mutane ke manna wa yagaggen wuri, wanda ke barin tabo mai ruwan ƙasa da ba ya fita. Masana sukan shimfiɗa fasta a kan yadi ko takarda mai ƙarfi da gam ɗin da ake iya cirewa, su ajiye ta a kwance cikin duhu.

Akwai abin da babu akwatin da ke riƙe shi, wato motsin hannu, da lokacin da ɗan dabo zai yi shiru, da inda zai kai idonsa don naka ya bi shi. Wannan daga hannun maigida yake zuwa hannun yaronsa. Shi ya sa idan ka ci karo da tsohon ɗan dabo a kasuwar ƙauye, irin waɗanda ba su taɓa buga fasta ba, ka nemi izininsa ka ɗauki wasan da wayarka, ka tambaye shi wa ya koya masa, ka rubuta sunan garin da ranar.