Motoci uku suka yi karo, wa zai biya diyyar yayana?

Tambaya: Barista, salamu alaikum. Yayana ya rasu wata biyu da suka wuce a hatsari tsakanin Bunguɗu da Maru. Fasinja ne a Sharon ta haya daga Gusau zuwa Talata Mafara. Wata tirela ce ta lalace da daddare aka bar ta kan titi ba alama, direbansu ya taka birki, Golf ta buge su ta baya ta tura su ƙarƙashin tirelar. Yanzu kowane direba na ɗora wa ɗan'uwansa laifi. An kawo mana naira dubu ɗari biyu da takardar yafiya mu sa hannu. Ya bar mata ɗaya, yara huɗu ƙanana da mahaifiyarmu.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Allah ya jiƙansa, ya raya abin da ya bari.

Kada ka sa hannu a takardar nan. Diyya gado ce, ana raba ta kamar sauran dukiyar mamaci: matarsa tumuni, mahaifiyarku sudusi, ragowar na yara. In akwai namiji cikin yaran, kai ba magaji ba ne, don haka ba ka da abin da za ka yafe. Matar da mahaifiyarku kowacce na iya yafe rabonta in ta ga dama, amma rabon marayu ba na kyauta ba ne a hannun kowa. In an ce muku ƙaddara ce, gaskiya ne, sai dai ayar da ta yi magana kan kisan kuskure, ta 92 a Suratun Nisa'i, ita ce kuma ta wajabta diyya.

Musun da direbobin ke yi ba nauyinku ba ne. Marigayin fasinja ne, ba shi ya riƙe sitiyari ba. A Babbar Kotun Jiha, idan sakacin mutum biyu ko uku ya haɗu ya jawo mutuwa ɗaya, iyalan mamaci na iya neman kuɗin gaba ɗaya daga kowanensu. Wanda ya biya fiye da kasonsa shi zai bi sauran. Alƙali ne ke yanka kason bisa hujja. Bisa labarinka kowa na da abin amsawa: mai tirela bai sa alama ba, mai Golf bai bar tazara ba, mai Sharon kuma za a tambaye shi gudun da yake yi har bai hango tirela da wuri ba. Kada ku ɗauki zancen tasha cewa wanda ya buga ta baya shi kaɗai ne mai laifi. Sau da yawa haka ne, amma ba doka ba ce.

Ku haɗa da masu motocin a ƙarar. Direban tirela albashi yake ci, ba shi da abin biya. Maigidansa, ko kamfanin da ke da motar, doka na kama shi da sakacin yaronsa muddin a bakin aiki abin ya faru. Nan kuɗin yake, sai kuma wurin inshora. Inshorar dole da ake kira tad-fati, wadda kuɗinta ya koma naira dubu 15 ga motar gida da dubu 100 ga manyan motoci tun 1 ga Janairu 2023, an yi ta ne saboda irin wannan rana. Iyakar miliyan 3 ko 5 da ake faɗa ta ɓarnar dukiya ce, ba ta rai ba. Matsalar ita ce takardun bogi sun yi yawa. Ka danna *565*11# a waya ka sa lambar kowace mota, za ka ga ko inshorar tana raye. Lauyanku ya rubuta wa kamfanonin inshorar kafin a shigar da ƙara, domin rashin sanarwa kan lokaci na daga cikin ƙofofin da suke fita.

Hanya ta biyu kotun shari'ar Musulunci ce, wadda Zamfara ta faɗaɗa ikonta tun shekarar 2000. A mazhabar Malikiyya diyyar kisan kuskure raƙuma 100 ce, ko dinari 1,000 na zinariya, wato kimanin kilo huɗu da kwata, ko dirhami 12,000 na azurfa, ana biya cikin shekara uku. Diyya ɗaya ce ga rai ɗaya, waɗanda suka yi tarayya a sababin su raba ta. A littafi dangin mai laifi na wajen uba ne ke ɗauka, a aikace kuwa tara su a yau aiki ne ja. Kuma in mai tirelar kamfani ne, ko wani cikinsu ba Musulmi ba ne, za a fara da gardamar hurumi. Shi ya sa a irin shari'arku na fi karkata ga Babbar Kotu. Dokar haɗurran da suka jawo mutuwa ta Arewa ma ta amince cewa iyalan Musulmi su ne masu rabo a diyyarsa. Ba dai a karɓa sau biyu kan rai ɗaya.

Shari'ar da 'yan sanda za su kai daban ce. Tuƙin ganganci da ya kashe rai na iya kai direba ɗaurin shekara 7 a dokar hukumar kiyaye haɗurra ta 2007, amma wannan tsakaninsa da gwamnati ne, kada ku zauna jiran ta ƙare.

Makon nan ka nemi rahoton 'yan sandan sashen motoci tare da zanen wurin hatsarin, rahoton jami'in duba lafiyar motoci, takardar asibiti mai nuna sanadin mutuwa, da takardar sunayen fasinjoji daga tasha. Ka nemo fasinjojin da suka tsira tun ba su watse ba. Tara kuma shaidar abin da marigayin ke samu, domin kotu na lissafi ne da abin da iyali suka rasa na ciyarwa da shekarun da suka rage masa na nema.

Wa'adin shigar da ƙara shekara uku ne daga ranar rasuwa. In ya bayyana ɗaya daga motocin ta gwamnati ce, wata uku kacal ne, kuma biyu sun tafi. Idan sulhu kuka zaɓa, a yi shi gaban alƙali, a rubuta adadi da ranakun biya, a ware rabon yara da sunansu. Dubu ɗari biyun, in za ku karɓa, a rubuta cewa kuɗin ta'aziyya ne ko kafin alƙalami, ba ƙarshen magana ba.