Dakta Strange da Dakta Doom: wane ne likita, wane ne ya ari sunan?

Tambaya:

Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne, ina aji uku a karatun likitanci. Gardama ce ta kaure tsakanina da abokin ɗakina bayan mun kalli fim ɗin Dakta Strange. Shi ya dage cewa duk waɗannan da ake kira dakta a labaran zane na kamfanonin Marvel da DC, irin su Dakta Doom da Dakta Octopus da Dakta Fate, suna ne kawai na burga, babu wanda ya taɓa shiga aji a cikinsu. Ni kuma na ce ai likitoci ne. Don Allah a raba mana gardama. Sannan me ya sa sunan ya yi yawa haka, musamman a wajen bosawa?

Amsa:

Wa alaikumus salam, likitan gobe. Allah ya ba da sa'ar karatu. Kai da abokinka kowa ya kama gefe ɗaya na tabarmar, shi ya sa ta ƙi shimfiɗuwa.

Ruɗanin daga harshe ya faro. Bature kalma ɗaya yake da ita, mu kuwa mun are ta sau biyu. Da farko ta shigo bakinmu ta zama likita, mai duba marar lafiya. Daga baya ta sake shigowa a matsayin dakta, wanda ya yi digiri na uku ko aka girmama shi da shi, kamar yadda Jami'ar Ahmadu Bello ta yi wa Mamman Shata. Tushen kalmar a harshen Latin ma ba shi da alaƙa da magani, koyarwa yake nufi, kuma malaman jami'o'in Turai aka fara kira da ita. To idan ka ɗauki mutanen nan ɗaya bayan ɗaya ka tambaya, wannan likita ne ko dakta, sai ka ga gardamar ta fara warwarewa da kanta.

Stephen Strange naka ne, ɗan'uwanka a sana'a. Steve Ditko ne ya ƙirƙiro shi, Stan Lee yana rubuta maganganun, kuma ya fara fitowa a mujallar Strange Tales ta 110 a shekarar 1963. A fitowa ta 115 aka ba da tarihinsa: ƙwararren likitan tiyata ne mai ji da kansa, wanda kuɗin aiki ya fi damunsa a kan marar lafiya. Ya yi hatsarin mota, jijiyoyin hannuwansa suka taɓu, suka riƙa rawa ta yadda ba zai iya riƙe wuƙar fiɗa ba. An yi masa tayin ya zauna a matsayin mai ba da shawara ko mataimaki, ya ce Allah ya kiyaye. Ya ƙarar da dukiyarsa wajen neman magani har ya koma gararamba a bakin tashar jiragen ruwa, inda ya ji wasu matuƙa suna hirar wani tsoho mai warkarwa a tsaunukan Himalaya. Can ya je neman hannuwansa, ya dawo da tsafi. Saboda haka lakabin nasa da gumi ya same shi, tun kafin ya san akwai wani abu wai shi sihiri. Finafinan ma suna wasa da hakan: a na 2016 yana ta gyara wa mutane idan suka kira shi da wani lakabi daban, a na Avengers na 2018 kuma da ya gabatar da kansa ga Spider-Man, yaron ya ɗauka sunan wasa ne irin nasa.

Wani abin dariya, da farko Mista Strange aka so a sa masa. Stan Lee da kansa ya faɗa a wata wasiƙa cewa sun ga sunan ya yi kama da na Mista Fantastic, sai suka canza. Da a Ingila yake aiki ma da Mistan ya dace da shi, don a al'adarsu likita idan ya ƙware a tiyata sai ya ajiye Dakta ya koma Mista.

Idan kana son ganin likitancinsa yana aiki a cikin labari, nemi The Oath, wanda Brian K. Vaughan ya rubuta, Marcos Martin ya zana, daga 2006 zuwa 2007. Hadiminsa Wong ne ya kamu da ƙari a ƙwaƙwalwa, Strange ya samo wani magani da zai iya kawar da cututtukan duniya, ƙarshe ɗigo ɗaya ya rage, kuma dole ya zaɓa: ya ajiye a yi nazarinsa a yawaita shi, ko ya ba marar lafiyar da ke kwance a gabansa yana mutuwa. Wong ya ba. Wannan tambaya ce da za ku iya shafe dare kuna yi a ɗakinku, kuma ta fi wadda kuka kawo mini nauyi.

Akwai likitan da ya riga shi da shekara ashirin da biyu, mutanenmu ba su san shi sosai ba saboda bai samu babban fim ba. Shi ne Dakta Mid-Nite na DC, wato Charles McNider, na shekarar 1941. An kira shi ya cire harsashi daga jikin wani da zai ba da shaida a kan 'yan daba, sai aka jefo gurneti ɗakin, mai shaidar ya mutu, shi kuma ya makance. Wani dare mujiya ta faso tagarsa, ya kwance bandejin idonsa, sai ya tarar a cikin duhu yana gani garau, haske ne yake makantar da shi. Ya haɗa wa kansa tabarau na rana da bamabaman hayaƙi masu duhunta wuri. Waɗanda suka gaji sunan daga baya, Beth Chapel da Pieter Cross, su ma likitoci ne, har Cross ya zama wanda sauran jarumai ke zuwa wurinsa idan sun ji ciwo.

Dakta Fate kuwa a tsakiya yake. Ya fito a 1940, a More Fun Comics ta 55, daga Gardner Fox da Howard Sherman. Kent Nelson yaro ne da ya bi mahaifinsa mai haƙar kayan tarihi zuwa wani kabari a ƙasar da yanzu take Iraki, suka tayar da wani tsohon mai sihiri, Nabu, wanda ya raine shi ya ba shi hular zinariya. A lokacin sunan kawai aka ba shi don ya yi kwarjini, wato abokinka yana da gaskiya a nan. Daga baya marubuta suka mayar da shi likita, kamar an ɗinka wa suna riga. A 2015 Paul Levitz da Sonny Liew suka ɗora hular a kan Khalid Nassour, Ba'amurke ɗan asalin Masar, ɗalibin likitanci kamarka, yana fama da karatu yana fama da allolin Masar ta dā.

Otto Octavius, wato Dakta Octopus, ba ya duba kowa. Masanin kimiyyar nukiliya ne, ya ƙera hannuwan ƙarfe huɗu da yake ɗaurawa a ƙugu don ya riƙa taɓa sinadarai masu haɗari daga nesa, abokan aikinsa suka laƙa masa sunan Octopus, wata halittar teku mai hannuwa takwas, suna tsokanarsa. Abu ya fashe, hannuwan suka manne da jikinsa, ƙwaƙwalwarsa ta taɓu. Wannan a Amazing Spider-Man ta 3 ne, ita ma 1963. Haka Dakta Manhattan na Watchmen, aikin Alan Moore da Dave Gibbons na 1986 zuwa 1987: Jon Osterman ɗan mai gyaran agogo ne, ya yi digirinsa na uku a ilimin fiziks a jami'ar Princeton, ya maƙale a ɗakin gwaji a 1959, ya tarwatse, ya sake harhaɗa kansa ya dawo shuɗi. A cikin labarin gwamnatin Amurka ce ta zaɓa masa sunan, don duk wanda ya ji ya tuna da Shirin Manhattan da ya haifi bam ɗin nukiliya, gabansa ya faɗi. Waɗannan biyun daktoci ne na gaske, amma kada ka kai musu mai zazzaɓi.

Sai Doom, wanda a kansa abokinka zai yi maka dariya. Victor von Doom ya fara bayyana a Fantastic Four ta 5 a 1962, daga Stan Lee da Jack Kirby, aka ba da cikakken tarihinsa a 1964. Ɗan ƙabilar Romani ne a wata ƙasar Turai ta ƙage mai suna Latveria, mahaifinsa mai maganin gargajiya, mahaifiyarsa matsafiya. Kaifin ƙwaƙwalwarsa ya sa wata jami'a a Amurka ta ba shi gurbin karatu kyauta, a can ya haɗu da Reed Richards, wanda daga baya ya zama Mista Fantastic. Ya shiga haɗa wata na'ura a ɓoye don ya yi magana da mahaifiyarsa da ta rasu. Reed ya leƙa takardunsa, ya ce masa akwai ɗan kuskure a lissafin. Doom ya kore shi, ya kunna na'urar, ta fashe masa a fuska, jami'a ta kore shi. Girman kai rawanin tsiya. Daga nan ya tafi Tibet, wasu masu bauta suka taya shi ƙera sulke da abin rufe fuska na ƙarfe, ya koma gida ya ƙwace mulki. Bai gama karatun ba, shi ya naɗa wa kansa lakabin, kuma a ƙasar da kai ne sarki kai ne alƙali, wa zai ce ka kawo takarda? Mu ma mun san irinsu, daga mai kemis da unguwa ta mayar dakta zuwa mai tallan magani da lasifika a tasha. Bambancin kawai, Doom ya san abin da yake yi fiye da yawancin masu takardar. Reed Richards kuma, mai digirorin a jibge, shi ake kira Mista. Ni a ganina wannan shi ne barkwanci mafi daɗi da Marvel ta taɓa yi, ko da gangan ko ba da gangan ba.

Game da yawan sunan a wajen bosawa, dubi shekarun da kyau. Hulk a 1962, kuma shi ma Dakta Bruce Banner ne, mai haɗa bam. Doom 1962, Octopus 1963, Dakta Curt Connors da ya zama ƙadangare 1963. Wannan lokaci ne da bai kai shekara ashirin da jefa bam a Hiroshima ba, kuma a Oktoban 1962 rikicin makamai masu linzami na Kuba ya kusa jefa Amurka da Tarayyar Sobiyet cikin yaƙin nukiliya. Yaran da ke sayen mujallun nan ana koya musu ɓuya a ƙarƙashin tebur a makaranta. Mutumin da ake tsoro a zamanin shi ne mai farar riga a ɗakin gwaji, wanda ya san abin da kai ba ka sani ba, kuma ba lallai ya nemi izininka ba. Marubucin da ke da shafi ashirin kacal ba shi da lokacin bayani. Da ya rubuta dakta a gaban suna, mai karatu ya riga ya gane cewa wannan ba ɓarawon banki ba ne, da ƙwaƙwalwa zai yaƙe ka. Al'adar ma ta girmi labaran zane. Akwai Dakta Jekyll tun 1886, akwai Frankenstein tun 1818, wanda shi ma sunansa Victor, kuma a littafin asali ɗalibi ne, ba a kira shi dakta ba, mutane ne suka ƙara masa daga baya. A labaran zanen kansu, Dakta Sivana yana addabar Kyaftin Marvel, wanda aka fi sani da Shazam, tun 1940.

Wani abu da na lura da shi a shekarun da na yi ina karanta su, ban ce doka ba ce: masu duba jiki sun fi faɗowa ɓangaren jarumai, masu ɗakin gwaji da masu duba ƙwaƙwalwa sun fi faɗowa ɓangaren miyagu. Thor kansa a farkon labarinsa a jikin wani gurgun likita, Donald Blake, yake ɓuya. Mahaifin Batman likita ne. Amma a garin Batman ɗin, Jonathan Crane masanin halayyar ɗan'adam ya zama mai sayar da tsoro, Harleen Quinzel kuma ta shiga asibitin mahaukata na Arkham don ta yi wa Joker magani, ta fito a matsayin Harley Quinn. Akwai masu karya ƙa'idar, irin su Hush, likitan tiyata kuma abokin Bruce Wayne, wato Batman, na yarinta, wanda ya zama maƙiyinsa.

Tun da ɗalibai ne ku, ga labarin da zai fi ba ku dariya. A ƙarshen 2012, a Amazing Spider-Man ta 698 zuwa ta 700, Octopus yana gab da mutuwa sai ya yi musayar jiki da Peter Parker, ya ci gaba da rayuwa a matsayin Spider-Man ba wanda ya sani. Da ya duba ya ga Peter bai taɓa kammala digirinsa na uku ba, abin ya ba shi haushi: shi Otto Octavius ya zauna a jikin da ba a kira dakta? Ya koma jami'a da sunan Peter, ya rubuta kundin, ya karɓi digirin, har ya buɗe kamfani. Peter ya dawo jikinsa ya tsinci dami a kala, ya yi shiru ya ci gaba da amsa sunan Dakta Parker. A 2018 jami'ar ta saka tsofaffin kundaye a wata manhajar gano satar rubutu, manhajar ta nuna cewa aikin na Otto Octavius ne. Ba halin ya ce ai Otto ne a jikina lokacin, don faɗin haka tona asirin Spider-Man ne. Aka ƙwace digirin, ya kuma rasa aikinsa na editan kimiyya a jaridar Daily Bugle.