Wasiƙa, guzuri da goran tafiya: amsoshin tambayoyinku

Wata ɗaliba daga Gusau, mai rubutu a kan faɗuwar Alƙalawa, babban birnin Gobir na dā, ta aiko da tambayoyi biyu. Wani dattijo daga Maraɗi ya ƙara ɗaya. Duk sun faɗo a kan ƙarshen yaƙin jihadi, shi ya sa na haɗa su wuri guda.

Tambaya: Malam, wani littafi ya ce Shehu ya aika wa sarakunan Hausa wasiƙa, wani ya ce takarda. Wanne ne daidai?

'Yata, duk biyun sun halatta, amma ba abu ɗaya suke nufi ba. Takarda ita ce abin da ake rubutu a kai. Mun aro kalmar daga bakin Buzaye, kuma ta hanyarsu hajar kanta take zuwa, a kan raƙuma daga Tarabulus. Wasiƙa kuwa ita ce maganar da aka ɗora a kan takardar. Asalinta Larabci ne, inda take nufin rubutun da aka amince da shi, wanda za a iya kafa hujja da shi. Da wannan ma'anar ce aka sa wa sanarwar jihadi ta Shehu Usmanu Ɗanfodiyo sunan Wasiƙar Mutanen Sudan.

Dubi harafin tsakiyar kalmar. A Larabci sautin nan ne da ake sa harshe tsakanin haƙora. Kalmomin da suka shigo ta hannun malamai sun mayar da shi "s": misali, hadisi, sulusi, Usmanu, wasiƙa. Waɗanda suka bi ta bakin jama'a sun mayar da shi "t": Talata, Litinin, tamanin. Kin ga ke nan wasiƙa 'yar zauren malamai ce, kuma haka aikinta ya kasance. Da Larabci ake rubuta ta, a buga hatimi, a ba manzo. Shi zai kai, a karanta, a fassara wa mutane da Hausa ko Fulatanci, sannan ya cika abin da alƙalami bai faɗa ba. Saboda haka zaɓen manzo ba ƙaramin abu ba ne. Bahaushe ya ce zuwa da kai ya fi aike, to amma shugaban da dakarunsa ke warwatse daga Kabi zuwa iyakar Borno ba shi da halin zuwa ko'ina da kansa.

In kina son ganin wasiƙa tana aikin da takobi ya kasa, karanta musayar da aka yi tsakanin Muhammadu Bello da Shehu Muhammadu al-Amin al-Kanemi. Bayan masu jihadi sun shiga Birnin Gazargamu, babban birnin Borno, a 1808, al-Kanemi ya rubuto yana neman hujjar yaƙar mutanen da ke salla da azumi. Bello ya amsa, kuma ya kawo maganar abokin jayayyarsa a cikin Infaƙul Maisuri, wanda ya kammala a 1812. Wannan adalcin na burge ni ƙwarai.

Tambaya: Wace kalma Hausa ke da ita ga aikin ciyar da runduna da kai mata kaya? Kuma ko karin maganar "ba a fafe gora ranar tafiya" ta dace da wannan?

Kalma ɗaya tilo da ta rufe duka babu, kuma kada ki matsa wa harshe ya haifo ta. Muna da guzuri, abin da matafiyi ke ɗauka don cikinsa: gumba, garin gero, kilishi, duk abin da zai jure rana. Muna da jigila, kai da komo da kaya. Muna da zango, inda ake sauke kaya a kwana, da kuma nisan da ke tsakanin masauki da masauki. Daga nan aka sami zangon karatu, daga nan kuma unguwannin Hausawa a Gana suka sami sunansu. Duk waɗannan kalmomin fatake ne. Mayaƙi ya aro su daga ayari, domin jakin da ke ɗaukar goro shi ne ke ɗaukar hatsin runduna.

Karin maganar kuwa ta dace, har ma da ciwo. Fafe gora shi ne a yanke bakinsa, a ƙwaƙule cikinsa, a jiƙa shi har ɗacin ya fita, a shanya. Wanda ya bari sai ranar tafiya, ruwa mai ɗaci zai sha. Jama'ar Shehu ba su sami zarafin wannan shiri ba. Sun bar Ɗagel zuwa Gudu a watan Fabrairu 1804, tsakiyar rani, sun bar rumbunansu a baya. Sun ci nasara a Tafkin Kwatto cikin watan Yuni, amma nasara ba ta cika tukunya. Yunwa da cuta suka bi su, ga kuma asarar da suka yi a yaƙin Tsuntsuwa a ƙarshen shekarar. In kin bi sawunsu a 1805, daga Sabon Gari a ƙasar Zamfara zuwa Gwandu, za ki ga neman abinci da makiyaya na cikin abin da ke ja musu gora. Har ɓacin ran da ya shiga tsakaninsu da Zamfarawa yana da alaƙa da hatsin da mayaƙa ke ɗiba.

Ki sa ganima da humusi cikin ƙamus ɗinki. Ganima ita ce dukiyar da aka samu a yaƙi, humusi kashi ɗaya cikin biyar da shari'a ta ce a ware kafin a raba sauran. Rundunar da ba ta da albashi a kan wannan rabon take rayuwa, kuma a nan zukata ke lalacewa. Son duniya da Malam Abdullahi na Gwandu ya gani a tsakanin mayaƙa shi ya sa ya bar runduna a 1807 ya nufi gabas, har ya tsaya a Kano. Shekara guda bayan haka, a watan Oktoba 1808, Alƙalawa ta faɗi, aka kashe Sarkin Gobir Yunfa.

Tambaya: Malam, kakanninmu suna cewa ribaɗi. Shi ne sansani?

Baba, Allah ya ƙara lafiya. Sansani na wucin gadi ne, a kafa yau a tashi jibi, shi ya sa yanzu muke cewa sansanin 'yan gudun hijira. Ribaɗi zama ne. Tushen kalmar a Larabci ɗaurewa ne, kamar yadda ake ɗaure doki a turke a bakin iyaka. Harafin "ɗ" ɗin nan shi ne wanda ke cikin ɗalibi da sharaɗi da ɗabi'a.

Ku mutanen Maraɗi kun fi kowa sanin cewa faɗuwar Alƙalawa ba ta kashe wutar ba, tunda sarautar Katsina ta dā a wurinku ta sauka, ta Gobir kuma daga baya ta zauna a Tsibiri. Bello ya gina Sakkwato a 1809, sannan ya dinga kafa garuruwa masu ganuwa a bakin iyaka, inda mayaƙi zai yi noma, ya ajiye iyali, ya ci daga rumbunsa maimakon rumbun talaka. Wasiƙun da ke tsakanin Sakkwato da sarakunan gabas kuma suka koma hannun Waziri Giɗaɗo ɗan Laima. Mafi shahara cikin ribaɗan nan shi ne Wurno. Can Bello ya zauna a ƙarshen rayuwarsa, can ya rasu a 1837, shekara guda bayan yaƙin Gawakuke, kuma can kabarinsa yake.