Amsa ga Auwalu a kan kamfanin da ke son ka yabe shi

Auwalu, saƙonka ya same ni a Daura bayan la'asar, na karanta, na sake karantawa bayan isha'i. Ka ce wasu sun same ka a Katsina, suna da kamfanin zuba jari mai ba da ribar kashi 30 cikin ɗari duk wata, suna so ka yi rubutu a kansu a filinka na harkokin kuɗi a jarida, za su kuma ba ka na goro mai kauri. Ka ga takardar rajistarsu da idonka, ga shi wata biyu ba a biya ku albashi ba, kana tambaya ko ka karɓa.

Kada ka karɓa, ɗana. Na san aljihunka a bushe yake, ni ma na kwana da irin wannan yunwar, amma ɗauko biro mu yi lissafi tare. Wanda ya zuba naira 100,000, ƙarshen wata tana zama 130,000. In ya bar uwa da riba suna haihuwa har wata goma sha biyu, kuɗin sun haura naira miliyan 2 da dubu 300. To, wace sana'a ce ke ninka dukiya sau ashirin da uku a shekara? Je ka tambayi mai kiwon raguna da ke kai su kasuwar Mai'adua, ko ɗan kasuwar da ke saye masara a Dandume da kaka ya ajiye har bazara. Waɗannan su ne ke juya kuɗi da gumi, kuma a shekarar da ta fi kowace albarka ba su ga kusa da haka ba. Inda babu sana'ar da ke haifar da ribar, kuɗin wanda ya shigo yau ake ba wanda ya shigo jiya, ranar da masu shigowa suka ragu kuma a rufe ƙofa. Haka MMM, wata harkar zuba kuɗi ta intanet, ta yi, ita ma kashi 30 ta yi alkawari, a Disamba 2016 ta kulle kuɗin mutane. Wata irinta mai suna CBEX ta bi sahu a Afrilu 2025. Suna ne kawai ke sakewa.

Takardar da suka nuna maka, ina kyautata zaton ta hukumar rajistar kamfanoni ce, CAC. Abin da take shaidawa bai wuce cewa an yi wa suna rajista ba, mai shagon ɗinki ma yana iya mallakarta. Mai karɓar kuɗin jama'a don juya su sai da lasisin hukumar SEC mai kula da harkar zuba jari, mai karɓar ajiya kuma sai da na Babban Bankin Nijeriya. Ka tambaye su waɗannan, ka kuma bincika da kanka a wurin hukumomin, kada ka tsaya a hoton da za su turo maka ta waya. Kuɗin da ke banki mai lasisi suna da inshorar NDIC, hukumar da ke kare ajiyar banki, wadda tun 2024 ta kai naira miliyan 5 ga kowane mai ajiya a bankin kasuwanci. Da aka soke lasisin bankin Heritage a Yuni 2024, ita ta fito ta biya masu ajiya. Waɗannan naka in suka ɓace, wa zai biya?

Ba daga littafi na koyi wannan ba. Ina da ƙuruciya a aikin nan na taɓa yabon wani kamfani irin wannan, ban ma karɓi ko kwabo ba, daɗin bakinsu ne ya ɗauke ni. Bayan sun gudu, wata tsohuwa ta zo har ofis da jaridar a hannun jikanta. Shi ya karanta mata, ita kuma ta sayar da awakinta huɗu ta kai. Ba ta zage ni ba. Cewa ta yi, "Ɗan nan, ai na ɗauka abin da aka buga an tabbatar da shi." Har yau in na zauna rubutu sai na tuna fuskarta. Mai rubutun wasanni in ya yi kuskure, gardama ce a majalisa, kai kuwa in ka yi, wani zai kwana babu jari.

Talla ba haram ba ce, da ita jarida ke rayuwa. Amma talla tana da shafinta, a rubuta mata "talla" ƙarara, kuma ba da sunanka ba. Wannan kam ko a can ba zan yarda ta shiga ba.

Ka ce kana tsoron in ka ƙi ba ka da abin cika fili. Abin rubutu ya fi ƙarfin filinka. A farkon 2025 hukumar ƙididdiga ta sake ma'aunin da take auna hauhawar farashi, adadin ya sauko daga kashi 34.80 zuwa 24.48. Mutane da yawa suka ɗauka kaya sun yi sauƙi, alhali ma'auni aka sake, kuma ko saukar ta gaskiya ce, ma'anarta farashi na ci gaba da hawa, gudunsa ne ya ragu. Wannan bayani aikinka ne. Kowane adadi ka mayar da shi tiya: albashi mafi ƙaranci na naira 70,000 tiya nawa ta gero yake saye a babbar kasuwar Katsina wannan makon? Ma'aikaci nawa ya san dokar fansho ta 2014 ta ce a cire kashi 8 daga albashinsa, mai aikin ya ƙara 10, kuma yana da haƙƙin duba ko an zuba? Ga adashi, wanda matanmu suka fi kowa iyawa. Ka rubuta abin da kwasar ƙarshe ke rasawa in kaya na tashi. Ga Sukuk, takardun zuba jari bisa tsarin Musulunci, da gwamnatin tarayya ta fara sayarwa a 2017, ga bankin Jaiz da ya buɗe a 2012, don masu gudun kuɗin ruwa. A nan ka kula da bakinka: a Hausa riba ita ce halattaccen abin da ciniki ya bari, ruwan da ake ɗorawa a kan bashi kuwa ka kira shi kuɗin ruwa. Ka haɗa su, ka rikita mai karatu a kan addininsa.

Littafin da kake sha'awar rubutawa irin nawa, daga nan zai fito. Nawa tambayoyin masu karatu ne da na yi shekaru ina tarawa a kwali, na ga waɗanda ke ta maimaituwa, na zauna na amsa su a tsanake.

Mutanen nan kada ka yi faɗa da su. Aika musu tambayoyi uku a rubuce: lambar lasisinsu, sana'ar da ke kawo ribar, da sunan wanda ke binciken asusunsu. Ka adana duk amsar da suka bayar, in sun yi shiru ka rubuta ranar, domin shi ma labari ne. Maganar albashinku zan yi wa edita magana gobe in Allah ya kai mu. Ranar Lahadi ka biyo ta Daura da sassafe da littafin rubutunka mu wuce Mai'adua, in nuna maka yadda ake tambayar farashi ba tare da dillali ya ɗauka mai saye ne kai ba. Kuɗin mota na wuyana. Ka gaida mahaifiyarka.