Kwamfutar mai gidan gem: duba katin kafin ka aike shi kasuwa

Jiya da na dawo daga Wunti ka tare ni a bakin shago da maganar kwamfutar mai gidan gem ɗin nan na Yalwa. Ka ce yana son ya riƙa naɗar wasan ƙwallon da ɗalibai ke bugawa a wurinsa, ka sa masa wata manhajar ɗaukar allo da ka sauke, da ka danna naɗa sai gem ɗin ya fara cijewa, 'yan wasa na tafiya kamar masu ɗingishi. Ka tambaye ni: «Oga, mu ce ya ƙaro ram, ko ya sayo katin kama bidiyo?» Lokacin magariba ta gabato, na ce ka bari sai da safe. To zauna.

Kada ka ce masa ya sayi ko ɗaya tukuna. Katin kama bidiyo, irin na Elgato da ake soka wa wayar HDMI, aikinsa ɗauko hoto daga wata na'ura daban ne, kamar PlayStation ko kwamfuta ta biyu. Mutumin nan a kwamfuta ɗaya yake wasa, a cikinta kuma yake son ya naɗa. Ram kuwa, wato ma'ajiyar wucin gadi da kwamfuta ke aiki da ita, ba ita ce ta gaza ba. Abin da ya faru shi ne ka ɗora wa furosesa, wato ƙwaƙwalwar kwamfutar, kaya biyu, alhali ga ɗan dako nan a zaune cikin katin girafik, mai zana hoton gem, ba ka kira shi ba.

Ɗauki biro ka yi lissafin nan, don in ka gane shi sauran duk mai sauƙi ne. Allon 1080p ɗigo 1920 ne a kwance, 1080 a tsaye, wato ɗigo miliyan 2 da 'yan kai. Kowane ɗigo yana cin bayit 3, hoto ɗaya ya haura megabayit 6 ke nan. Gem na fitar da hoto 60 a daƙiƙa guda. Ka ga daƙiƙa ɗaya tak ta cinye wajen megabayit 370 in ba a matse ta ba. Babu faifan ajiyar da zai jure wannan na tsawon wasa, dole a matse hotunan nan take, kuma matsewar nan aiki ne mai nauyi. Manhajar da ka sa, furosesa ta ba wa wannan aikin. Furosesan kuma shi ne ke lissafin inda ƙwallo za ta faɗa, da gudun 'yan wasa 22, da abin da pad ke aikowa. Kowane hoto yana da ƙasa da kashi 17 cikin 1000 na daƙiƙa ya fito. Da ya makara, ido ya gani.

Zamanin da na fara wannan sana'a da wata manhajar naɗa mai suna Fraps muke yi. Ita ba ta wahalar da kanta da matsewa sosai, sai ta juye maka kayan a faifai kusan yadda suke. Minti kaɗan za ka ga gigabayit sun tafi, faifan na ƙara kamar injin markaɗe. Allah ya raba ka da wannan zamanin.

Abin da ya sauya lamarin shi ne kamfanoni sun ware wani ɗan sashe a cikin guntun katin ko na furosesa wanda ba shi da wani aiki sai matse bidiyo. Intel ta fara sa nata a furosesa a 2011, sunansa Quick Sync. NVIDIA ta sa nata, NVENC, a katunan GTX 600 a 2012, sannan a 2013 ta fito da ShadowPlay, abin naɗar gem, a cikin manhajarta ta GeForce Experience don mai wasa ya yi amfani da shi. AMD ta kawo nata abin naɗar, ReLive, a ƙarshen 2016, yanzu yana cikin manhajarsu ta Adrenalin. Da ma a cikin katin ake zana hoton, to a nan ɗin ɓangaren matsewa zai ɗauka ya matse, abin da ya rage ɗan kaɗan ne ake miƙa wa faifai. Shi ya sa mai wasa da ƙyar yake jin bambanci.

Amma ba kowane kati ke da wannan sashen ba, kuma a nan ne yaran shago ke jin kunya. GT 1030, wanda ya cika kasuwa saboda araha, ba shi da NVENC. Laftof masu MX150 ko MX250 su ma haka, ko da an manna musu koren tambarin NVIDIA a gaba. A ɓangaren AMD, RX 6400 da RX 6500 XT na 2022 ne amma an cire musu sashen matsewa gaba ɗaya, yayin da tsohon RX 580 yana da shi. Kar sabunta ta ruɗe ka. Ka buɗe kwamfutar ka karanta sunan katin da idonka, kada ka dogara da abin da mai ita ya faɗa, domin shi ma faɗa masa aka yi a inda ya saya. In ka tarar da GTX 1050 Ti ko 1650, aiki ya yi. In 1660 ne ko RTX, hoton ma ya fi tsabta, don daga wannan zubin aka inganta NVENC.

In ka yi rashin sa'a GT 1030 ne, har yanzu kada ka aike shi kasuwa. Duba furosesan. In na Intel ne kuma lambarsa ba ta ƙare da harafin F ba, galibi akwai ƙaramin girafik a cikinsa. Shiga BIOS, allon saitin da ake shiga kafin Windows ta tashi, ka kunna shi, ka sa direbansa, wato manhajar da ke sa shi aiki, ka sauke manhajar naɗa ta OBS Studio, kyauta ce, ka zaɓi Quick Sync. Kati ya zana gem, furosesa ya matse da nasa sashen na musamman, kowa da aikinsa. Na sha fitar da mutane ta wannan hanyar ba su kashe ko sisi ba.

Mu ɗauka katin NVIDIA ne mai kyau. Cire manhajar da ka sa, ka sabunta direba. Tun ƙarshen 2024 NVIDIA App ta maye gurbin GeForce Experience, kuma ita ba ta tilasta maka buɗe asusu kafin ka shiga, abin da ya rage mana ciwon kai da kwastomomin da ba sa tuna kalmar sirrinsu. Alt da Z na buɗe allon saiti a kan gem. Alt da F9 na fara naɗa, shi ne kuma ke tsayarwa. A katin AMD, Alt da R ne ke buɗe nasu. Windows ma na da nata, Win da G, amma ban cika ba kwastoma ita ba, saitinta kaɗan ne.

Ga abin da nake ganin shi mutumin nan yake buƙata a zahiri, ko da bai iya faɗa ba. Ba wasan gaba ɗaya yake so ba. Wa zai zauna ya kalli ɗaliban Gwallameji biyu suna ta ba juna ƙwallo a tsakiyar fili na minti goma sha biyu? Cin da aka yi yake so, da ihun da ya biyo baya, ya sa a WhatsApp don a san gidansa na ci. Wannan aikin Instant Replay ne, wanda ke cikin NVIDIA App. Kana kunna shi sai katin ya riƙa naɗa a ɓoye yana zubar da na baya, yana riƙe da mintunan ƙarshe kawai, har zuwa minti 20 in ka so. An zura ƙwallo, sai a danna Alt da F10, abin da ya riga ya wuce ya shiga fayil. Sa masa minti ɗaya ko biyu. Ka rubuta maɓallan a takarda ka manna a jikin tebur, don yaron da ke karɓar kuɗi ne zai riƙa dannawa, ba maigidan ba. Abu ɗaya ka lura: muddin yana kunne, rubutu yake yi a faifai ba tsayawa, saboda haka ka mayar da wurin ajiyar wucin gadin zuwa faifan da ba shi gem ɗin ke kai ba, in akwai na biyu.

Sai nauyin bidiyo, abin da ake kira bitiret. Yara na son ture shi zuwa ƙarshe, wai don hoto ya yi kyau. Koma ga bironka. Megabit 50 a daƙiƙa, ka raba da 8, megabayit 6 da kwata ne. Minti ɗaya megabayit 375, awa ɗaya ya haura gigabayit 22. Wasan minti 12 gigabayit 4 da rabi. Daga nan mutum ya soka filashin da aka tsara a FAT32, ta ƙi karɓa saboda ba ta ɗaukar fayil ɗaya da ya kai gigabayit 4, ya dawo yana cewa mun ɓata masa kwamfuta. Sannan da wace data zai ɗora shi? YouTube da kanta megabit 12 take ba da shawara ga 1080p mai hoto 60. Ka sa 15 zuwa 20, wasan nan na minti 12 bai kai gigabayit 2 ba, kuma WhatsApp zai sake matse shi ko ta yaya. Tsarin matsewa ka bar shi a H.264. HEVC ya fi ƙanƙanta fayil, AV1 da ke katunan RTX 40 ya fi shi, amma H.264 ne kowace waya da kowace tsohuwar kwamfuta ke buɗewa ba gardama.

In ranar gasa ce kuma ya dage sai an naɗi wasan ƙarshe daga farko har ƙarshe, to ka tuna garin da muke. Fayil ɗin MP4, irin wanda manhajar NVIDIA ke ajiyewa, sai an tsayar da naɗa yake rubuta bayanin da ke nuna inda kowane hoto yake. In wuta ta ɗauke kafin nan, gigabayit na nan a faifai amma ba abin da zai buɗe su. Ya taɓa faruwa da ni, wasan ƙarshe na wata gasa, an kai bugun fenareti, inji ya shaƙe ya mutu. Na kwana biyu ina neman yadda zan farfaɗo da fayil ɗin, wanda ya ci kofin yana zarya a shago, a ƙarshe haƙuri na ba shi. Tun daga ranar, doguwar naɗa da OBS nake yi, in zaɓi NVENC a matsayin mai matsewa, in ajiye a tsarin fayil na MKV. Shi MKV ko an yanke shi a tsakiya, abin da aka riga aka rubuta yana buɗewa, kuma OBS na mayar da shi MP4 cikin daƙiƙu ba tare da taɓa ingancin hoto ba. Kati ɗaya ne ke aikin, manhaja kawai ka sauya. Duk da haka ka gaya masa maganar UPS, batirin da ke riƙe kwamfuta in wuta ta ɗauke, ko ƙarami ne.

Za ka iya yin duk wannan gem ya ci gaba da ɗan cijewa. Danna Ctrl da Shift da Esc ka buɗe Task Manager, ka shiga inda ake nuna aikin GPU, wato katin girafik. Akwai layin Video Encode. In yana motsi lokacin naɗa, ka san ɗan dakon ya kama aiki. In kuma babban layin 3D na manne a 100, gem ɗin ne ya cinye katin bai bar wa kowa wuri ba. Ƙayyade shi a hoto 60, tunda allon da ke gidan gem ɗin ma bai wuce haka ba, sauran duk asarar wuta ce da zafi. Zafin ma ka duba shi. Kwamfutar da ta sha ƙurar hunturu a ɗaki mai cike da mutane, ta shigo Afrilun Bauchi ba a taɓa buɗe ta ba, kati zai rage gudu da kansa don kada ya ƙone. Fita da ita waje ka bi ta da bulowa, ka riƙe fanka da yatsa kada iska ta juya ta fiye da ƙima.

Murya kuma, in zai sa makirfo, ka raba sautinta da na gem a layi biyu. Ka san bakin samari in an ci su. Gara a iya cire wata kalma ba tare da an kashe ihun filin ba. In ya kai wa mai tace bidiyo aka ce murya na riga hoto, ba laifin makirfo ba ne. ShadowPlay ba ya riƙe adadin hotuna daidai a kowace daƙiƙa, wasu manhajojin tacewa kuma ba sa son haka. A bi da fayil ɗin ta manhajar HandBrake a daidaita adadin, magana ta ƙare.

Ya ce ranar Asabar ce gasar, ko? Ba a fafe gora ranar tafiya, saboda haka yau za ka gwada. Kai da yaron maƙwabcinmu ku buga wasa biyu cikakku, ɗaya da Instant Replay, ɗaya da OBS. A tsakiyar na biyun ka rufe OBS da ƙarfi ta Task Manager, ka ga ko fayil ɗin zai buɗe. Ka tura guntu ɗaya zuwa wayata in gani da idona. Amma kafin komai ɗauko sukurdireba, mu ga wane kati ne a ciki.