Ƙuri'a: kalmar da ta sauya gida

Wani mai karatu ya ce ya ji ana maganar "zaɓen wakilai ta hanyar ƙuri'a maimakon zaɓe", sai abin ya ɗaure masa kai. Ashe ba ƙuri'a ake kaɗawa a zaɓe ba?

Malam, ruɗin daga tarihin kalmar yake. Daga Larabci muka aro ta, "ƙur'a", kuma ma'anarta ta asali ita ce a bar wa rabo ya raba gardama: a jefa wani abu, wanda ta faɗa wa shi ke nan. Irin wadda aka yi da alƙaluma kan wa zai riƙi Nana Maryamu, kamar yadda ya zo a Suratu Ali Imrana, aya ta 44. Da akwatin zaɓe ya zo, sai kalmar ta koma kan takardar da ake dangwala wa yatsa, har tsohuwar ma'anar ta fara ɓacewa.

Masu waccan magana tsohuwar suke nufi. A birnin Atina na Girka a zamanin dā, tun wajen shekara ta 508 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), majalisar mutum 500 da ƙuri'a ake cika ta, 50 daga kowace ƙabila cikin goma. Amma ban da mata da bayi, kuma kwamandojin yaƙi zaɓensu ake yi, don ba a miƙa runduna ga sa'a. A 2016 ma ƙasar Ailan ta tara 'yan ƙasa 99 da aka tsamo ba tare da takara ba, shawararsu ta kai ga zaɓen raba-gardama na 2018 kan dokar zubar da ciki.

Wata baiwar Allah kuma ta tambaya ko wannan ba caca ba ce, ta kawo karin maganar "rabon kwaɗo ba ya hawa sama".

A'a, Malama. A caca sai an zuba dukiya, wani ya kwashe ta wani. A nan ba wanda ya zuba komai. Karin maganar kuwa kan haƙuri da ƙaddara take: abin da aka rubuta naka ne zai iske ka. Ni dai ban ga ta dace ba sosai, domin hujjar masu wannan ra'ayi lissafi ce. A zaɓe, mai kuɗi da mai baki da mai ubangida su ke gaba. A ƙuri'a kuwa, damar ɗan dako daidai take da ta attajiri. Ko wanda ta faɗa wa zai iya aikin, wannan a kai wa malaman siyasa.